Lorna ta Bayan Gilashi

Shekarar da fim ya fara magana, mu masu ɗaukar hoto aka fara toshe wa baki. Kyamara tana da ƙara, makirufo kuwa ko kukan sauro ba ya bari ya wuce. Sai masu kamfani suka ƙera wani akwatin katako, suka liƙe cikinsa da barguna, suka sa gilashi mai kauri a gaba. A ciki ake cusa ni da kyamarata, a danna sakata ta waje. Firji muke ce masa don baƙar magana, domin kafin a gama waƙa ɗaya gumi ya cika maka takalmi.

Fim ɗin na soyayya ne da barkwanci, ga waƙe-waƙe. Matata Lorna ta daɗe tana rawa a layin baya, inda ko uwarta ba za ta gane ta ba. Sai ga shi an ba ta waƙa guda ita kaɗai, za ta rera wa jarumin fim ɗin, Dalton Reese, a kan wata gadar kwali. A faifan kakin zuma ake ɗaukar murya, shi kuwa ba ya yankuwa: ƙara ɗaya ta shiga, a koma farko. Mun riga mun ɓata biyu, ɗaya da ƙarar sarƙar wuyanta, ɗaya da atishawar mai goge.

"Wannan ce dama ta ƙarshe," in ji daraktanmu, Mista Halvorsen. "In faifan ya lalace na cire waƙar, yarinyar nan ta koma layinta."

Tsoho Gus, mai tsaron ƙofata, ya riƙe sakata yana washe baki. "Shiga, mijin tauraruwa. Gasasshe za a fito da kai, ko da ɗan sauran jini?"

"Rufe ka ba ni wuri, Gus."

Ya rufe. Duniya ta ɗauke ɗif, sai gurnanin injin da numfashina. Na ga masu kiɗa suna jan gogensu, na ga bakin Lorna ya buɗe, amma ko kalma ɗaya ba ta iso ni ba. Ta yi kyau har ƙirjina ya yi mini ciwo. Na yi alfahari da ita, ba zan ɓoye ba.

Ana tsakiyar waƙar ta ɗaga hannu, ta kama gefen kunnen Dalton ta ɗan murza. Babu wannan a gwajin da aka yi. Ni take yi wa haka, a kicin, in na dawo a gajiye. Da a nan abin ya tsaya, da na ce wasan kwaikwayo ne. Amma tun hannunta bai isa ba Dalton ya karkato kansa, kamar kyanwar da ta saba da mai shafa ta.

Iska ta ƙare mini. Na dubi ƙofar. Barguna suna hana ƙarar inji fita, amma ba za su hana ƙarar bugun ƙofa ba. In na tokare ta da takalmi sau ɗaya, faifan ya tashi aiki, an raba su, Lorna ta koma layin baya, kuma kowa zai ce zafi ne ya kayar da ni. Har na ɗaga ƙafar. Sai na tuna yadda take rera waƙar nan tana wanke kwanuka tun ranar da aka ba ta, har maƙwabcinmu ya fara buga bango. Na sauke ƙafar, na riƙe fuskarta a tsakiyar hoto, gumi yana shiga mini ido, har ta rufe baki.

Gus ya zare sakata. Na fito ina haki, tafi ya cika wurin. Lorna ta sheƙo da gudu ta riƙe rigata da ta jiƙe sharkaf.

"Emmett! Ka ji ni? Ka ji yadda na kai ƙarshen?"

"Ban ji komai ba," na ce. "Gani kawai na yi."

Murmushin ya tsaya mata a fuska. Ta saki rigar a hankali.

"Madalla!" Mista Halvorsen ya ɗaga murya. "Wannan murza kunnen ya yi, ina son sa daga kusa. A turo firjin gaba, a sake yi. Gus, mayar da shi."

Gus bai yi dariya ba wannan karon. Ya riƙe mini ƙofar, na shiga.