Na Bayan Honorabul

Inna ta sa wa jikarta rigar fita unguwa, ta zizara mata kwalli, sai ka ce wanda za su gani zai iya ganin su. Shagon askin bakin layi kawai za su, inda akwai talabijin.

Yau za a nuna tarihin Honorabul, tsohon ɗan majalisar jiha. Tun da ya faɗi zaɓe ya koma dattijon ƙasa. Duk shirin da aka tono tsofaffin hotuna, sai ga shi a kujera mai laushi, furfura fes, yana yi wa matasa faɗa. Wai shekaru ke kawo hankali. Wani dai farin gashi kawai suke kawo masa.

Ba shi ya fito da Inna ba. Bara, tana wucewa, ta hango tsohon bidiyon gangaminsa, ga Dogo, ɗanta, tsaye a bayansa da gora a hannu. Makanike ne kafin a fara raba musu ƙwaya a bayan motar kamfen. A wancan zaɓen aka sare shi har lahira, matarsa na da ciki. Hotunansa kuwa ruwan da ya rushe ɗakin ya tafi da su. Yarinyar ba ta taɓa ganin fuskar ubanta ba, ga shi ta fara tambaya.

* * *

“Tsohuwa, aski za a yi, ko amarya kika kawo min?” in ji mai askin.

Ta ce masa ya fara gyara ƙeyarsa tukuna. Aka yi dariya, aka matsa musu a benci.

Ga gangamin. Ga Honorabul da ƙuruciyarsa yana ɗaga hannu. Amma fuskokin na bayansa duk an dusashe su, kamar an shafa tafin hannu a jiƙaƙƙiyar tawada. Muryarsa ta yanzu ce ke tashi, yana cewa shi bai taɓa ajiye ’yan banga ba, zauna-gari-banza ne da ba a san iyayensu ba.

Mai askin ya rage murya ya ce sabon shiri ne, ’ya’yan Honorabul suka ɗauki nauyinsa, tsohon shirin kuma ba za a ƙara sa shi ba.

“Inna, wanne ne?”

Inna ta gane Dogo duk da haka. Kafaɗarsa ta hagu a karkace take tun yana koyon ɗaga inji. Ta miƙa yatsa. Kafin yarinyar ta ratsa ƙafafun mutane ta isa gaban akwatin, hoton ya canja. Honorabul ne ya cika gilashin, yana murmushi.

Yarinyar ta daɗe tana kallonsa. Ta goge gilashin da gefen rigarta.

“Ashe yana da kyau,” ta ce. “Inna, me ya sa ba ya zuwa?”

Injin aski ya ci gaba da ƙara a kan wani.