Daƙiƙa Arba'in na Kawu

Minti ashirin kwamiti ya ce fim ɗin buɗe sabon gidan tarihi zai kai, ba ƙari ba ragi. Ni ce mai tace fim ɗin, wato ni ake zagi idan an yanke wani.

Ginin ba fenti ba ado, kankare ne tsirara da gilashi, sai rufin da ya karkace kamar murfin tukunya. Kawuna ne ya shekara huɗu yana zuba wannan kankaren. Ba a aiko masa da katin gayyata ba, don haka ranar buɗewa na shigar da shi da sassafe, kafin a jera kujeru. Mai kyamara ya ɗauke shi yana abin da ya saba: yana bin bango yana ƙwanƙwasawa da bayan yatsa, kunne a manne, ko zai ji inda aka bar rami a ciki. Daƙiƙa arba'in ne duka. Na yi masa alkawari jikokinsa za su gan shi.

Baki shi ke yanka wuya. Shugaban kwamiti ya kalla, ya yaba, sannan ya ce almakashin yanke ƙyalle bai fito sosai ba. Ya tambayi wane ne tsohon nan mai hular kwano. Na ce magini ne. Ya ce to, a cire tsohon, a ba almakashi wurinsa.

Na cire hoton, na bar sautin. A aikinmu hoto daban sauti daban, sai na shimfiɗa ƙwanƙwasar a ƙarƙashin hoton babban zaure lokacin da ba kowa a ciki. 'Yan kwamiti suka ɗauka kiɗan zamani ne, har suka ce ya dace da ginin.

Da na kai masa fim ɗin a kwamfuta, na tarar Kawu ya tara jikoki a falo, ya sa rigarsa ta fita. Minti ashirin suka wuce ina kallon ƙasa, kunya ta ishe ni. Da fim ɗin ya ƙare, Kawu ya ce in mayar masa da wurin zauren. Ya rufe ido ya saurara.

"Bangon gabas ne wannan," ya ce. "Kin ji? Ba rami ko ɗaya."

Ya dubi jikokin, suna ta hamma. Sannan ya dube ni.

"'Yar nan, ni dai na gane hannuna. Su fa?"