Tarin da Ke Bayan Barga

Eirlys Probert ta cusa ƙarfen tono a gindin tsiron, ta danna da ƙafa, ta fizgo shi har saiwa. Nan take warin ya buge ta, warin ragwat idan an murje shi, irin na tsumman wanke-wanke da ya kwana uku a bokiti. Ta tofar da yawu. A kan furen mai ruwan ɗorawa tsutsotsi sun yi cincirindo, masu zanen baƙi da ruwan lemo, ɗaya har ta hau safar hannunta tana lanƙwasa jiki. Ta yarfe ta, ta jefa tsiron cikin baro.

Shekara talatin ke nan tana wannan aiki duk watan Yuli. Duk mai doki a yankin Tregaron ya san ragwat na cinye hantar dabba a hankali, ba ya nuna kansa sai ya gama ɓarna. Filin Eirlys kuwa tas yake, ko ganye ɗaya ba ka gani. Abin da ke ƙona mata rai shi ne filin da ke hayin shinge, na ƙanenta Emrys. Tun da ya sayar da tumakinsa shekara huɗu da suka wuce ya sakar wa ragwat fili, wai ƙudan zuma da malam-buɗe-littafi na bukatarsa. Mutum mai shekara sittin, da furfura har a gira, ya koma makiyayin tsutsa! Ita ce kullum ke bin bakin shinge tana tumɓuke abin da ya tsallako, tana kai wa bayan barga, tana tarawa ya bushe kafin ta cinna masa wuta a kaka.

Shekara biyu ke nan rabonsu da gaisuwa. Bara ma, don tsabar rainin hankali, ta wayi gari ta tarar da sabon katako an buga mata a shingen bayan barga. Ta gane aikinsa ne, don shi kaɗai ke lanƙwasa kan ƙusa haka. Wato har shingenta ma bai yi masa ba? Ta ɓamɓare katakon ta wurga shi tsakiyar furanninsa. Da ya zo ƙofa yana cewa, "Yaya, saurara mana," ta rufe ƙofar a fuskarsa.

Ƙarar mota ce ta sa ta ajiye ƙarfen. Dakta Meinir ce, likitar dabbobi, ta zo da sakamakon jinin goɗiyar Eirlys da ta ɗiba shekaranjiya.

Goɗiyar na tsaye a cikin barga ta jingina goshi da bango. Tegwen sunanta, shekararta goma sha tara, kuma a hannun Eirlys aka haife ta. Yanzu haƙarƙarinta duk sun fito, fatar farin hancinta ta sale tana ruwa, ƙudaje na bi. Sai hamma take yi, doguwa, yawu na dalala har ƙasa.

Likitar ta ce, "Misis Probert, ba zan ɓoye miki ba. Hanta ce, kuma ta jima tana lalacewa."

"Ragwat ne ko?"

"Duk alamu sun nuna haka."

"Na sani! Wallahi na sani!" Eirlys ta nuna hayin shinge da yatsa. "Ga shi can, kamar an zubar da fenti. Ɗan'uwana ya kashe mini doki saboda tsutsa."

"Ba ta mutu ba tukuna. In aka raba ta da abin yau, aka sauya mata abinci, muna iya samun wasu shekaru. In ta ƙara ko kaɗan, to, ba ni da abin yi." Likitar ta shafa wuyan goɗiyar. "Amma ki sani, dokin da ke da ciyawa ba ya taɓa ɗanyen ragwat, ɗaci gare shi. Sai ya bushe ɗacin ke tafiya, guba kuwa tana nan. Kin duba ingiricinki?"

"'Yar nan, ina yankan ingirici tun kina shan nono. Je ki kwance dami ki gani."

Ta je ta kwance uku, ta barbaza, ba ta ga komai ba. Ta yi wa Tegwen allura, ta ce a sake ta ta ɗan taka tunda yau akwai gajimare, rana ba za ta ƙona mata hancin ba, ita kuma za ta dawo da la'asar.

Tana fita Eirlys ta shiga kicin ta jawo aljihun tebur, ta ciro wata takarda. Takardar ƙorafi ce ta hukuma, wadda ake cikewa idan maƙwabci ya bar mugun tsiro kusa da makiyaya. Tun bara take ajiye da ita, zumunci ya hana. Yau zumunci ya ƙare. Ta rubuta sunansa cikakke, har alƙalami na huda takardar, ta ninke ta sa a aljihu. Shayin da ta haɗa ma ta kasa sha, don warin nan na hannunta duk da sabulu. Ta sa safar hannunta, ta buɗe wa Tegwen ƙofar barga, ta nufi shinge.

Yana can kuwa, durƙushe cikin furanni da hular kaba, yana ƙirga wani abu a ɗan littafi. Wurin sai zuuu yake yi da ƙudan zuma, ga wasu jajayen ƙwari masu baƙin fiffike na tashi ƙasa-ƙasa.

Ta ce, "Kai, sarkin tsutsa!"

Ya ɗago yana gyara tabarau. "A'a! Yau da wace ƙafa na tashi? Yaya ce da kanta? Ko gobara ake yi?"

"Dariya ma kake yi? Nawa ka ƙirga yau, 'ya'yan naka? Ka sa musu suna?"

"Ɗari biyu da sha ɗaya a layin nan kawai. Su ne ma ke cinye ragwat ɗin, Yaya, in za ki bar su. Dubi wancan, sun bar shi tsirara."

"Su cinye ka kai ma. Tegwen na mutuwa, Emrys. Hantarta ta ruɓe."

Murmushin ya gushe daga fuskarsa. Ya miƙe da ƙyar, gwiwoyinsa na ƙara. "Tun yaushe?"

"Tambaya kake yi? Tun ranar da ka zubar da mutuncin gonar babanmu ka mai da ita juji." Ta zaro takardar ta kaɗa masa. "Ka ga wannan? Yau za ta tafi. Su zo su fesa maka magani, in ga wanda za ka ƙirga."

"Na bar taku hamsin tsakanina da shingenki, ina yanke shi duk wata. Kin sani."

"Iska ta san taku hamsin? Iri ya san taku hamsin? Kai dai ka ji kunya. Mama na raye da ba ka isa ba."

"Mama na raye da ta ce ki rage baki ki buɗe kunne."

"Au, har da rashin kunya?"

 Idonsa na bayanta, kuma yadda ya yi tsit ya sa ta juya.

Tegwen ce ta fito daga barga. Tana tafe tana tangaɗi, ƙafar baya na harɗe ta gaba, amma ba ta nufi kwamin ruwa ba, ba ta ko sunkuya ga ciyawar da ke ƙarƙashinta ba. Kai tsaye ta zagaya bayan barga kamar mai zuwa inda ta saba. A wurin nan, tsakanin katako na sama da na tsakiya, akwai ɗan gurbi inda tsohon itace ya lotsa. Ta karkata kai, ta zura wuya har kafaɗa, ta kai baki kan tarin busasshen ragwat.

Eirlys ba ta san lokacin da ta ruga ba. Ta damƙi gashin wuyan goɗiyar ta ja da iya ƙarfinta, ta cusa hannu cikin bakin ta ƙwaƙulo busassun ganyen, yawu mai yauƙi na bin hannunta har gwiwa. Emrys ya tsallako shinge ya riƙe kan, suka tura ta baya tare.

Sai a lokacin ta duba wurin da kyau. Ƙasa ta daddaɓe da sawun kofato, ta yi sulɓi kamar hanyar rijiya. Jikin itacen ya goge yana sheƙi, da farin gashi maƙale a tsagarsa. Ga ramukan ƙusa huɗu, inda ta ɓamɓare katakon bara. Kullum takan ga tarin na raguwa ta gefen nan, takan ce a ranta bushewa ce. Da hannunta take tumɓukowa, da baronta take kawowa, ta shanya wa Tegwen har ɗacin ya fita.

 Ta dafa bangon barga ta yi ta kakarin amai, babu abin da ya fito. Ƙyamar da ta shekara huɗu tana jifan hayin shinge da ita, yau ta rasa inda za ta kai ta.

Da ta samu numfashi ta ce, "Ka gani. Tun bara ka gani."

"Sau ɗaya na gan ta, daga sama can. Na buga katako. Na zo in faɗa miki." Ya goge hannu a wando, bai dube ta ba. "Da kika cire, na ce ai kin san abin da kike yi, kin fi ni sanin doki. Da na sani da na fasa ƙofar nan. Ni ma fushi na yi, Yaya."

 Suka mai da Tegwen barga suka sa sakata. Emrys ya kawo baro ya fara lodin tarin don a kai tsakiyar fili a ƙone. Da ya nemi abin kunna wuta, ta zaro takardar daga aljihu ta miƙa masa. Ya ga sunansa a jiki, ya murɗe ta, ya cusa cikin tarin.

Ta ce, "Ina katakon?"

"Yana inda kika jefa shi."

Ta dubi hayin shinge. Furannin sun kai mata ƙugu, kowane kara na motsi da tsutsa. Safar hannunta na can ta yar a bayan barga, jiƙe da yawu.

Emrys ya ce, "Bari in ɗauko."

"Tsaya nan. Kai dai nemo guduma."

Ta ɗaga ƙafa ta tsallaka.