Farar Shanya a Makon Ƙudan Tafki

Verna na maƙala farin zanen gado na uku a igiya, Patrice ta fito daga gidan mahaifinta riƙe da kofin magani, ta ce mata ko ta manta watan da ake ciki ne.

Verna ba ta manta ba. Duk wanda ya tashi a bakin tafkin Winnebago ya san ba a shanya a makon ƙuda, ba a fenti, mai keke ma bakinsa rufe yake tafiya. Tun asuba suka taso daga ruwa, ga su can kan itatuwan gaɓa kamar hayaƙin gobarar da ba ta da wuta. Kamarsu ɗaya da sauro, sai dai ba sa cizo. Amma tagar ɗakin Orville, mahaifin Patrice, titi take kallo ba tafkin ba, kuma ma'aikaciyar jinya ta ce kada a ɗaga shi daga gadon nan.

Tun da aka sallamo shi daga asibiti don ya ƙarasa kwanakinsa a gida, tambayarsa ɗaya ce kullum: sun taso? Bana sanyi ya daɗe, ƙudan suka makara, shi kuma yana ta ƙanƙancewa cikin bargo. Rayuwarsa duka a kan ƙanƙarar tafkin ya yi ta, idan ruwan ya daskare da hunturu, yana jiran kifin sturjin da mashi. Yakan ce jajayen tsutsotsin da ke kwance cikin taɓon ƙasan ruwa su ne abincin kifin, su ne kuma ke yin fiffike su zama ƙuda. Shekarar da ƙuda ya yi yawa, tafki na da lafiya.

Patrice kuwa ƙudan ne suka kore ta zuwa Arizona, in ji ta. Da ta dawo jinya ta rufe kowace taga, ta toshe ƙasan ƙofa da tawul.

"Mazan ƙudan nan abu mai haske suke nema su yi rawa a kansa," in ji Verna, da abin maƙala shanya a bakinta. "Tunda ba zai je musu ba, su za su zo. Ke dai buɗe masa tagar, akwai raga."

Patrice ta ce ƙazanta ce. Verna ta ce numfashinsa ya sauya tun jiya, kuma su biyun sun ji. Patrice ta tsaya kallon kofin da ke hannunta, sannan ta koma ciki.

Da farko 'yan kaɗan ne suka zo, suna lilo sama da zanen. Kafin rana ta karkata sun zama ginshiƙi mai tsawo, yana lanƙwasa yana miƙewa duk sanda iska ta taɓa shi. Verna ta shiga ɗakin tana kakkaɓe gashinta. Tagar a buɗe take. Ƙarar ƙudan ta cika ko'ina, siririya, kamar an ja tsirkiyar goge an ƙi saki.

Orville ya buɗe ido. Ya daɗe yana saurare.

"Wace mahaukaciya ce ta yi shanya?"

"Maƙwabciyarka ce, tsohon banza," in ji Verna.

"Da ma na sani." Leɓensa ya motsa kamar zai yi dariya. "Kifi zai yi ƙiba bana, Patty."

"Zai yi, Baba," in ji Patrice.

Ya ce yana jin kamar gadon yana kan ruwa, a bar shi haka. Patrice ta zauna ta riƙe hannunsa na dama. Inuwar ginshiƙin tana kai da komo a bango, tana bi ta kan tsohon mashinsa da ke rataye. Verna ba ta san lokacin da numfashin ya tsaya ba, don ƙarar ba ta tsaya ba.

Wani ƙuda ya samu huda a ragar ya shigo, ya sauka a bayan hannun Orville na hagu, gashin kan ƙudan kamar ƙaramin gashin tsuntsu. Patrice ta ɗaga hannu za ta kore shi, sai ta mayar da hannun cinyarta.

A waje zannuwan sun yi baƙi ƙirin da ƙuda, suna motsi a hankali.