Ƙurar da Gambo Ya Gani Ya Yi Shiru

Shekara goma sha tara Gambo yana ɗaukar uwarsa a boksinsa. Boksi dai ita ce motar nan mai buɗaɗɗen baya, wadda a ƙauyukanmu na wajen garin Hajj Abdalla take ɗaukar buhun dawa da tumaki da 'yan biki duk a rana ɗaya. Tasa fara ce a da can. Gilashin ɓangaren fasinja ya maƙale a rabi, ba ya hawa ba ya sauka, ƙofar kuma sai an tallafe ta da gwiwa kafin ta rufu. Amma kujerar gaba ta Inna Ramatu ce. Har matashi ya sa aka ɗinka mata saboda bayanta. Ko matarsa Sabah, in dai Inna na cikin tafiya, baya take hawa ta zauna kan buhu.

Gidana yana jikin nasu, katanga ɗaya ce tsakani, kuma gajera ce. Shi ya sa na san abin da zan gaya muku.

Inna Ramatu tana da ciwon ƙirji. Ƙura kaɗan ta ishe ta ta wuni tana tari. Saboda haka duk inda za su, Gambo yakan jiƙa tsumma ya rataya a rabin gilashin nan, ya yi ta tafiya a hankali kamar mai ɗauke da ƙwai, motocin bayansa suna ta danna masa oda. Asibitin Madani, gaisuwar mutuwa, kasuwar Hajj Abdalla, ko'ina shi ne. In sun sauka takan dafa kafaɗarsa ta ce, "Allah shi yi maka albarka, Gambona." A kan wannan kalma mutumin yake rayuwa, duk da furfurar da ta fara cin gemunsa.

Sai ƙanensa Hashim ya dawo daga Jidda.

Shekara goma sha ɗaya ya yi a can yana aiki a wani sito, yana jera kwalaye. Ya dawo da tumbi, da agogo, da wata mota ruwan toka mai rufaffen jiki, mai mukayyif, abin nan da ke hura sanyi. Ranar da Inna ta fara shiga, ya rufe mata ƙofa ya danna maɓalli, sai ta lumshe ido ta ce, "La ilaha illallahu! Wanga sanyi kamar na cikin Harami!"

Shi ke nan, ba ta da sauran zance. In mun haɗu wajen jabana, wato gahawarmu ta hantsi, sai motar Hashim. "Ko ƙwayar ƙura ba ta shiga, wallahi. Na je Hajj Abdalla na dawo ban yi tari ko ɗaya ba." Gambo yana tsakar gida yana kwance wani injin ban ruwa, yana ji. Ba ya ɗago kai, sai dai ƙarar guduma ta ƙaru.

Ana cikin haka autarsu Huda ta haihu a Abu Hujar, aka sa suna ranar Alhamis. Tafiya ce mai nisa, a wuce Sinnar, a wuce Sinja. Inna ta yanke magana tana tsintar tsakuwa a cikin adas, ƙananan waken nan na miya, ko kallon kowa ba ta yi ba.

"Ni da Hashim za mu tahi. Kai Gambo, ka ɗauko ragon da buhunan gari."

Da Gambo ya shiga ɗaki na ji Sabah tana kiransa da alkunyarsa, tana ce masa, "Abu Rayan, shayinka ya huce."

"Bari shi huce. Ni direban rago ne, mi zan yi da shayi mai zafi?"

"To ai ragon ma ɗan dangi ne. Ka sa mishi matashin Inna."

"Sabah, fita idona."

Ta fito tana danne dariya da gefen mayafi. Shi kuwa ba dariya a ransa. Ya ɗauko matashin nan daga boksi ya jefa shi kan rufin rumfa.

Ranar Laraba bayan la'asar Hashim ya leƙo daga ƙarƙashin bishiyar nim inda yake ajiye motar. "Yaya, zo ka duba mini. Mukayyif ɗin ya rage ƙarfi, iskar kamar numfashin tsoho."

"Ni mi na sani ga motar Sa'udiyya? Ni mai injin ruwa ne."

Amma ya zo. Ya tsaya da hannu a baya kamar baƙo.

Hashim ya riga ya kalli yadda ake yi a wayarsa. Ya buɗe ɗan akwatin da ke gaban kujerar fasinja, ya matse gefensa biyu ya sauke shi ƙasa, ya ɓalle wani siririn murfi, ya zaro filta. Abu ne mai faɗi kamar littafi, an nannaɗe shi kamar mafici, shi ne ke tace iska kafin ta shigo wa mutane. Fuskarsa ta sama ta toshe da ƙasar yankinmu na Jazira: baƙar ƙura, busasshen ganyen nim, zaren auduga, har da gashin tsuntsu. Fuskarsa ta ƙasa kuwa da sauran haskenta.

"Sabo sai Madani," in ji Hashim. "Bari mu lallaɓa wannan."

Ya buga shi sau biyu a jikin taya, ƙura ta tashi, ya ga kamar ya isa. Yana juya shi sai idonsa ya faɗa kan wata 'yar kibiya da aka zana a gefe. Ya yi dariya har da tafa cinya.

"Ga matsalar nan! Wanda ya sa shi a Jidda a kife ya sa shi. Yaya, dubi, kibiya ƙasa take kallo. Shekara goma sha ɗaya ina sito, kowane kwali kibiyarsa sama take kallo. Ka kifar da ɗaya, mudir, shugaban siton, ya wanke ka tas a gaban jama'a."

Ya juya filtan, fuskar datti ta koma ƙasa.

To, Gambo bai iya karanta rubutun da ke jikin kibiyar ba. Amma ya iya karanta datti. Tun yana saurayi yake sa raga a bakin bututun injinsa a tur'a, babbar hanyar ruwan da ke shayar da gonakinmu. Ciyawa da kara da leda duk a fuskar da ruwa ke zuwa suke taruwa. Wanda ya ciro raga ya mayar da ita a juye, to da hannunsa ya tura wa injin duk abin da ta tare. Ya leƙa ramin da filtan ya fito, ya hango fanka a ƙasa. Iska daga sama take zuwa ke nan, ta bi ta ƙasa, kibiyar hanyar iska take nunawa. Abin da ya rage a cikin lanƙwasar nan, kuma da yawa ya rage, yanzu yana fuskantar fanka kai tsaye.

Ya buɗe baki zai yi magana. Ina tsaye a katanga ina shanya kuɓewa, na ga buɗewar bakin.

Daidai nan Inna ta fito da tire. Ta wuce ta gaban Gambo ta miƙa wa Hashim finjali. "Bar wanga aiki ka sha, ɗana. Hannunka bai saba da datti ba." Sannan ta waiga. "Gambo, naka na kan tire."

Gambo ya dubi hannuwansa, baƙin mai ya shige har ƙarƙashin farce. Ya rufe bakinsa.

Hashim ya tura filtan, ya mayar da murfi, ya ɗaga akwati ya koma mazauninsa. Ya laluba aljihu ya ciro makulli. "Bari in tayar mu ji."

"Bar shi," in ji Gambo. "Benzin ya yi wuya, gobe kuma hanya da nisa. Kada ka ƙona shi a banza."

"Gaskiyarka, Yaya."

Kun ji fa. Shirun farko za a iya cewa shaiɗan ne ya rufe masa baki. Wannan kuwa shi da kansa ya faɗa.

Alhamis da sassafe na shigo da ƙullin turaren wuta na mai jego. Boksi tana tsaye, rago a ɗaure a baya yana kuka, Sabah tana gyara buhuna. Na lura an sauko da matashin nan daga rufin rumfa, an kakkaɓe shi, an ajiye a kujerar gaba. Har tsumma an jiƙa an rataya a gilashi. Sabah ma ta gani. Ta dubi mijinta, shi kuma ya duƙa yana duba tayar da ba abin da ya same ta.

Inna ta fito cikin farin tob, mayafin nan namu mai tsawo, sabo fil, tsarabar Jidda. Hashim ya buɗe mata ƙofa, ta zauna tana bismilla. Ya zagaya ya tayar da mota, ya rufe gilasai, don ya burge ta kuma ya murɗa fanka har ƙarshe.

Abin da ya fito ta ramukan nan, ban san sunan da zan ba shi ba. Kamar an kaɗa buhun siminti a cikin ɗaki. Cikin motar ya yi duhu, guntun ganye yana yawo. Hashim ya rikice yana danna duk maɓallin da hannunsa ya kai. Inna ta dinga bugun gilashi da tafin hannu.

Gambo ne ya fizge ƙofar. Ya ciro ta kamar yarinya ya zaunar da ita kan gadon igiya. Farin tob ya koma ruwan ƙasa, har girarta ta yi fari da ƙura. Ta fara tari, irin tarin nan da ba ya barin mutum ya ja numfashi a tsakani. Ƙirjinta yana fito kamar usur. Sabah ta ruga ta ɗauko abin fesawarta, ni ina shafa mata baya, Hashim yana tsaye yana cewa, "Wallahi jiya na gyara shi, wallahi na gyara."

Ga ƙofar boksi a buɗe, ga matashi, ga jiƙaƙƙen tsumma. Abin da Gambo ya so ya samu. Amma bai dubi wajen ba. Yana durƙushe yana riƙe da ƙafar uwarsa.

Da numfashinta ya dawo, ta sha ruwa, ta daɗe tana kallon boksin nan da shirin da aka yi a cikinta. Sannan ta dube shi.

"Gambo. Kai da ke jin ciwon injin tun daga bakin gona. Jiya kana tsaye."

Gambo ya kafa ido a ƙasa.

"Kana tsaye ko ba ka tsaye?"

"Ina tsaye, Inna."

"To tashi."

Ya tashi. Ya sauke akwatin nan, ya zaro filtan, ya kira ƙanensa ba tare da ya haɗa ido da shi ba. "Zo ka gani. Wanga ba kwali ba ne, raga ce. Inda datti ya taru, nan iska ke shigowa. Kibiya hanyar iska take bi, fanka kuwa tana ƙasa." Ya ɗauko famfon taya ya hura filtan ta fuska mai tsabta, ƙurar ta fita ta inda ta shigo, ya yi ta hurawa har ta daina fitowa. Ya buɗe ƙofofi huɗu, ya bar fanka ta yi ta aman abin da ta haɗiya. Sannan ya mayar da filtan, kibiya tana kallon ƙasa, ya goge kujeru da tsumman da ya jiƙa don boksinsa. Iska ta fito da ƙarfi, mai sanyi, ba wari.

Hashim ya sosa ƙeya. "Yaya, jiya ka gane ke nan?"

"Shiga ka ja motarka."

Inna ta fito cikin tsohon tob ɗinta shuɗi. "Ba shi za shi ja ba," in ji ta. "Wanda bai san ta ina iska ke shiga motarsa ba, ba shi kai ni Abu Hujar. Kai za ka tuƙa ni, Gambo, in gani ko za ka iya kallon idona har Sinja. Hashim, ɗauki rago."

Sauran labarin daga bakin Sabah na ji shi, don ita ta zauna a kujerar baya, karo na farko a rayuwarta ba kan buhu ba. Ta ce Gambo ya riƙe sitiyari kamar ango, sanyi yana dukan gemunsa, uwarsa a gefensa, har ya fara 'yar waƙa a maƙoshi. Ba su kai kwaltar Sinnar ba Inna ta juya wuya tana leƙen baya. Can cikin ƙurar da suka tayar, ga boksi tana tangaɗi, ga Hashim ya ɗaure hanci da hankici.

"Wayyo ɗana. Gambo, rage gudu, ƙurarka duk a kansa take sauka."

Ya rage.

"Gilashin nan naka, shekara nawa ina ce maka ka gyara? Dubi yadda yaro ke shan wahala."

"Shekara goma sha tara kina shiga, Inna, ba ki taɓa cewa ba."

"Ni na saba. Shi bai saba ba."

Sabah ta ce har suka shiga Abu Hujar, Inna ba ta yi tari ko sau ɗaya ba, kuma ba ta kalli gaba ko sau ɗaya ba. Da suka tsaya a ƙofar gidan Huda, ta dafa kafaɗar Gambo don ta sauka. Ya ɗan sunkuyar da kai yana jira.

"Je ka kai wa ƙanenka ruwa," in ji ta, "ya wanke fuska."