Alƙali a Taga

Ta ɗaga ƙafa daga keken ɗinki ke nan ta ji fito a cikin ɗaki. Ta leƙa. Ɗanta ne durƙushe a kan gado, ya cusa fuska tsakanin ƙarafan taga, yatsu biyu a baki, ƙafar da aka ɗinke masa a asibiti tana reto da bandeji.

"Wa ya ce ka tashi?"

"Ban taka ba, Umma. Alƙalanci nake."

Ta matso ta duba. Yaran da ke buga ƙwallo a bayan gareji, inda fasasshiyar kwalba ta yanke shi, sun kwaso wasan kacokan sun kawo lungun gidan. Silifa ne raga, ƙwallon kuwa tsumma ce da leda. Bahago, amininsa mai goge gilashin motoci a danja, ya ɗago kai.

"Kyaftin, ta shiga ko ba ta shiga ba?"

"Ta kan silifa ta bi. Ba ci."

"Kai, ciwon nan a ƙafa yake ko a ido?"

Yaron ya kwashe da dariya har gadon na girgiza. Rabonta da jin wannan dariyar tun ranar da Bahago ya goyo shi gida jina-jina, ranar da ta rantse shi da ƙwallo sun raba gari. Ta dubi ƙafafun yaran, babu mai takalmi. Lungun kuma ta san shi sarai: ƙusoshin kafinta, murafun kwalba, guntayen kwano.

Ta ɗauki tsintsiya ta fita.

Wasa ya tsaya cak. Mai tsaron raga ya fara ja da baya. Bahago ya ɓoye ƙwallon a bayansa.

"Mama, mu muka kawo kanmu. Wallahi bai kira mu ba."

"Matsa, ka tsaya mini a kan aiki."

Ta duƙa ta hau shara daga wannan raga zuwa waccan. Yaran suka kalli juna, sannan suka zube suna tsince ƙusoshi, suna gasar wanda zai fi tarawa.

Da ta miƙe ta nuna taga da tsintsiya. "Ba zai buga ba sai an cire masa zare. Kuma nan za ku riƙa yi, inda idona yake."

Fito ya tashi daga taga.

"Umma, a fita daga fili. Za a ci gaba."

Ta koma bayan silifa ta tsaya, tsintsiya a hannu.