Na Uku a Cikin Kogo

Tun da 'yarsa ta ce aron shagon kawai take so, jikin Mai Siminti ya ba shi cewa abin ba zai tsaya a nan ba.

Gajeren fim take haɗawa da wayarta, kan mutum ukun nan da dutse ya toshe wa bakin kogo, kowa ya roƙi Allah da aikin da ya yi don Shi kaɗai, dutsen yana matsawa. Ita ta mayar da kogon shago, dutsen kuma ƙofar ƙarfe mai naɗewa. Kawunta zai tsaya a waje yana ɗaga ta kaɗan-kaɗan.

Ranar ɗauka, 'yan wasa biyu, Wanzami da Direba, suka zo, na ukun bai zo ba.

"Baba, ka taimake ni ka zauna a madadinsa."

"Me zan ce?"

"Ban rubuta wa kowa komai ba. Naka na gaske za ka faɗa."

Aka sauke ƙofa. Duhu, zafi, ƙurar siminti a maƙogwaro. Wanzami ya faɗi nasa, ƙofa ta ɗaga taƙi ɗaya. Direba ya faɗi nasa har da hawaye, haske ya kai gwiwa. Sai wayar ta juyo kansa.

Ya tuna tabarmin da ya saya wa masallaci, amma ai shi da kansa ya sa ladan ya sanar. Ya tuna jinyar ƙanensa, wadda har gobe yake goranta masa. Marayan da ya riƙe kuwa, babu baƙon da bai nuna wa shi ba.

"Maigida, ko kyanwa ce ka taɓa ba ruwa, faɗi," in ji Wanzami. "Mun dahu."

Daga waje kawun ya ce, "Suruki, hannuna fa ya sage."

Gumi ya jiƙa wa Mai Siminti riga. Bayan wayar yana ganin idon 'yarsa, tana jira, babu ko shakka a fuskarta. Ƙarya ta zo masa har bakin harshe, ya kasa fitar da ita a gabanta.

A hankali ta sauke wayar. "Kawu, buɗe."

Ta ce ta samu abin da take so, ba ta ƙara komai ba. Har yau bai san ko za ta yanke wurin ba, bai kuma san ko yana da aikin da zai faɗa ba.